Tashar Saude

Bangon da ya raba zaure da ɗakin Malam Labbo na ƙasa ne, ba ya riƙe sirri. Barakatu ba ta gama cire takalmi ba ta jiyo muryar Gwaggo Lami tana tashi.

"Baba, sau biyu ina ɗumama tuwon nan! Ka zauna ka ƙura wa gilashi ido, abu ya ƙame ba ya motsi, kai kuma kana yi mashi magana. Mutane sun fara tambayata ko lafiyarka lau."

"Ki ce masu lau nike."

"Wallahi in Barakatu ba ta gyara shi yau ba, gobe da safe ɗan dako za ni kira ya fitar da akwatin ga daga gidan ga. Gara ka yi fushi da ni da a ce ubana ya zare."

Barakatu ta tsaya da takalmi ɗaya a hannu. Ita ce ta kawo kwamfutar. Tsohuwar na'ura ce, ta samo ta wurin wani mai gidan kallo da ya rufe bayan zuwan shari'a, ta sa wa kakan nata wasan tuƙa jirgin ƙasa a ciki, don shekara talatin ya yi yana tuƙi tsakanin Ƙaura Namoda da kudu kafin ya yi ritaya. Sau uku Gwaggo Lami na aika mata makaranta cewa wasan yana ƙamewa, sau uku tana zuwa ta tarar da shi yana gudu lafiya ƙalau. Yau ba a yi darasin rana ba, ta zo ba a tsammace ta ba.

Gwaggo Lami ta fito da kwano, ta harare ta, ta ce, "Kin dai ji," ta shige cikin gida.

Barakatu ta matsa ƙofar ɗakin. "Salamu alaikum, mai gida marar cefane."

An ji ƙarar jan wani abu da sauri a ɗakin kafin ya amsa. "Wa alaikumus salam. Wace ce? In amaryata ce ta koma, na sake ta tun jiya."

"Da wane haƙori ka furta sakin? Alƙali ba ya karɓar saki na dasashi."

"Ji mani ɗiya! Shigo, baƙar injiniya. Wata shida kina karatun na'ura, abin da kika iya kawai hura mata iska da baki."

Yana zaune kan buzunsa a gaban ɗan tebur. A gilashin, jirgi ya tsaya cak a bakin wani rafi. Hayaƙin kansa ya tsaya a sama kamar audugar da aka manta a kan reshe, ruwan rafin ya daina gudu, ga wata babbar bishiya ta sunkuyo kan layin dogo. Barakatu ta motsa linzamin kwamfutar, ko alama. Ba ta kai ga zama ba gilashin ya yi baƙi, fankar ciki ta yi shiru.

"Kin gani? Da ganin fuskarki ya mutu. Ni ma ƙarfin hali nike."

"Ai kunya ya ji. Bai saba ganin kyakkyawa a ɗakin nan ba." Ta ajiye jaka. "Bari mu bi ta kan abin a hankali. Ranar Asabar na goge faifan da auduga."

"Kin goge."

"Ranar Litinin na cire wasan na sake sa shi, na rage mashi nauyin hoto. Ranar Laraba na kawo maka na'urar daidaita wuta. Duk a gabana sai ya yi gudu har tashar ƙarshe. Ina fita sai ya ƙame. To ko dai aljani ne, ko kuwa direban ne bai iya ba."

Tsohon ya dafe ƙirji. "Ni? Labbo? Yarinya, in na busa usur a Ƙaura, a Shinkafi ake janye awaki daga hanya. Matan Zurmi da usur ɗina suke sauke tukunya."

"Shi ya sa tuwon Zurmi kullum ɗanye."

"Na taɓa kai tarago ashirin na gyaɗa har bakin teku da hannu guda, ɗayan hannun ina shan rake."

"Raken ne ya tafi da haƙoran ashe."

"Allah ya shirye ki. Ni kazar da na bayar aka ba ni ke, da na yanka ta na ci ya fi mani."

Tana dariya ta durƙusa ta kai hannu bayan akwatin don ta taɓa wayoyin. Ta janye da sauri, ta sa yatsun a baki. Ƙarfen ya yi zafi kamar murfin tukunya. Ta sake leƙawa. A ramukan da iska ke fita ga wani baƙin zare ya maƙale, mai kauri, irin na saƙar hannu. Ta zaro shi ta ɗaga. Ta dubi tsohon, ta ga ya zauna a karkace, ɓangare ɗaya ya fi ɗaya tudu, gefen wani baƙin zane ya leƙo daga ƙarƙashin buzun.

"Angona."

"Na'am, annoba."

"Tashi in ga abin da kake ƙyanƙyasa."

"Ba ni tashi. Ƙafata ta yi sanyi."

"Ita kaɗai ce mai sanyi a ɗakin nan. Kai ne kake rufe mashi hanci! Kana lulluɓe shi da zane, iska ta kasa fita, ya yi zafi ya ƙame. Ina sallama ka fizge. Kwana goma kana wahalar da ni, ina ta zargin faifai da wuta, har na kusa cewa malaminmu ƙarya yake koya mana!"

"Ƙura nike kare mashi."

"Ƙura a cikin damina?"

Ya ciro goro daga aljihu, ya jujjuya shi, ya mayar. Barakatu ta ja gefen zanen a hankali, ya ɗaga jiki ya bar ta. Da ya fito ta gane shi. Baƙin saƙi ne mai farin layi a baki, zanen Inna Saude, kakarta, wadda ta rasu shekara shida da suka wuce. Har yanzu akwai ɗan ƙanshin turaren wuta a jikinsa, ko kuwa hancinta ne ya ƙirƙiro.

Sai wani abu ya faɗo mata. "Tsaya. In zafi ne, ai ko'ina zai iya ƙamewa. Gwaggo ta ce kullum a bakin rafin nan yake tsayawa. Kullum."

Tsohon ya ɗan murmusa, girman kan direba ya rinjayi kunyarsa. "To ke kin ɗauka tuƙi wasa ne? Hannun hagu nike ɗorawa a kan akwatin. In na ji zafin ya yi gaba, in ƙara wuta. In bai kai ba, in ja birki in tahi a hankali. Shekara talatin ina jin zazzaɓin inji da tafin hannu, wannan ɗan ƙwanƙon zai gagare ni? Ranar farko Lami ce ta rufe shi don kaji, ya ƙame can kusa da gada. Kwana huɗu na yi kafin in kawo shi daidai gindin icen."

"Don me?"

An fara yayyafi a kan kwanon ɗakin. Ya dubi baƙin gilashin kamar har yanzu hoton yana nan.

"In ka baro Ƙaura, kafin ka yi nisa, akwai wani rafi. Ɗorawa ce a bakinsa. Wannan icen na Turawa ba ɗorawa ba ne, na sani, amma sunkuyonsu guda. Can na fara ganin kakarki, da ƙwaryar nono a ka, ta tsaya jirgi ya wuce. Washegari ma haka. Sai na riƙa busa usur sau biyu. Wata uku kafin ta ɗaga hannu. Ba tasha a wurin, ba a tsayawa. Ƙiftawa goma ne, ka wuce. Da ƙafa na koma na nemo rugarsu."

Barakatu ta lumshe ido. Tana ganin wurin a cikin kanta, ruwa ja na damina, shanu a tsallake, doguwar yarinya tana kare ido da tafin hannu.

"Bayan an ɗaura aure ma, duk na zo wurin sai in busa, ko da tana gida tana jiran in kawo mata gishiri. Shekara talatin ina wuce wurin nan, Barakatu, ban taɓa tsayawa ba ko sau ɗaya. Akwai fasinja, akwai lokaci, akwai shugaban tasha da agogonsa. Sai ga wanga akwati ya tsaya mani." Ya shafa gemu. "Amma ba ya daɗewa. Ɗan jim kaɗan sai ya yi duhu, sai na jira ya huce in sake faro tun daga farko. To a cikin ɗan jim ɗin nan ne Lami take shigowa da tuwo. Ki gaya mani, in tashi in wanke hannu?"

Ta san in ta bari ya ga maganar ta taɓa ta zai ji kunya, don haka ta ja tsaki mai ƙarfi.

"Kai dai an yi tsohon ɓarawo. Ka kusa ƙone mani na'ura don zance. Da ka ƙara kwana biyar, da abin da ke cikinta ya narke, ba rafi ba ɗorawa. Matsa can, ɗan koyo."

"Wa kike kira ɗan koyo?"

Ta fifita akwatin da faifan tuwo har ya huce, ta janye shi daga jikin bango, ta kunna. Fanka ta ɗauka da sauƙin numfashi. Ta tura masa allon maɓallan. "Tuƙa. Kuma ka sauke hannunka daga kansa."

Ya tuƙa. Gonaki suka riƙa wucewa, da gidaje masu jan rufi, da gadar ƙarfe. Kafaɗunsa suka miƙe, leɓunansa na motsi da lissafin da shi kaɗai ya sani. Da rafin ya ɓullo daga nesa ta ga hannunsa na hagu ya tashi yana neman akwatin, ta kama shi, ta ɗora yatsansa a kan wani ɗan maɓalli can sama a gefe.

"Bari sai ka zo gindin icen. Yanzu. Danna."

Ya danna. Jirgin ya tsaya. Hayaƙi ya rataye a sama, ruwa ya tsaya, bishiyar ta sunkuyo. Fanka na ta juyawa abinta.

Ya jira duhun. Ya ƙirga a ransa, ya wuce inda ya saba, duhu bai zo ba.

"Har yaushe zai tsaya?"

"Har ka gaji. Ka ci tuwo, ka yi la'asar, ka dawo ka same shi. In ka sake dannawa ya ci gaba. In an ɗauke wuta kuwa, ba ruwana, ka tuƙo daga farko."

"Tun can akwai wanga maɓalli?"

"Tun ranar da na kawo shi."

"Kuma ba ki faɗa mani ba?"

"Ka tambaye ni? Cewa ka yi mai tuƙa tarago ashirin da hannu guda ba ya neman darasi wurin mai ɗankwali."

Dariya ta ƙwace masa, irin wadda take zuwa da tari, har ya share ido da hannun riga, ya daɗe yana sharewa. Barakatu ta tsinke ɗan baƙin zaren nan, ta manna shi a kan maɓallin da ɗigon danƙo don kada ya ɓace masa.

"Gwaggo!" ta ɗaga murya. "An gyara! Kawo tuwon, mijina ya ce yunwa yake ji."

"Mi ya same shi?" Gwaggo Lami ta tambaya daga tsakar gida.

Barakatu ta dubi tsohon. Ya ƙura mata ido.

"Iska ce ba ta isarsa," ta ce. "Kada a sake rufe shi da komai."

Ta ɗauki jakarta. Ya naɗe zanen da kansa, ninki huɗu, ya miƙa mata.

"Ungo. Ya gama aikinsa a nan. Ki ɗaura, kada ki sa a akwati. Ita ba ta son a ajiye abu."

Ta karɓa da hannu biyu. Ya rako ta har ƙofar zaure, abin da bai yi ba tun da kwamfutar ta shigo gidan, yana waiwayen gilashin ta ƙofar ɗaki. Yayyafin ya ɗauke. Ta sa takalmi, ta rungume zanen, ta fita.

"Ke, baƙar injiniya," ya kira ta daga bakin ƙofa. "Shekara talatin ba wanda ya gina mani tasha a wurin nan, ke kin gina da yatsa guda. Na janye sakin. Amma ki dawo jibi, in koya maki busa usur sau biyu."