Wuyan Magajin Tafki

Shekarar da damina ta ɗauke da wuri, hankalin Dajin Rumbuki ya tashi, domin tafkin da kowa ke sha ya fara ja da baya. Al'adar dajin tun kakanni ita ce Magajin Tafki ya shiga ruwa ya tsaya. In ya kai masa wuya, a zauna. In bai kai ba, a yi ƙaura zuwa kogi tun ƙafa na da ƙarfi.

Raƙumin dawa ne Magaji. Ya shiga, ya fito, ya ce wa Zaki, "Ranka ya daɗe, ko gwiwata bai jiƙa ba."

Kura, mai riƙe da sarautar Waziri, ta miƙe ta gyara murya. "Jama'a, tafkin kakanninmu bai taɓa cin amanarmu ba. Wuyan wannan bawan Allah ne ya yi yawa."

Zaki ya ga hikimar maganar. Aka tuɓe raƙumin dawa, aka naɗa zomo. Ruwa ya kai masa wuya cif, aka yini ana kiɗa. Kada a zaci Kura yaudara take yi. Har hawayen murna ta zubar.

Da ruwa ya sauka ƙirjin zomo, aka naɗa kunkuru.

Tabawa, tsohuwar jaka, babba cikin jakai masu ɗebo wa fada ruwa, ta durƙusa gaban majalisa. "Ni dai jiya rabin tulun Sarki laka ce. Ku bar mu mu kama hanyar kogi tun ’ya’yanmu na iya tafiya."

"Haba Inna," in ji Kura, "ke da ido kike gani, mu kuwa da awo muke aiki. Ko kin fi kakanni sani ne?"

Bayan kunkuru aka naɗa cinnaka. Ranar awo ya faɗa cikin sawun kofato, ya nutse, bai fito ba.

Majalisa ta ruɗe. "Ruwa ya shanye Magaji har ka!" in ji Kura. "Ambaliya ce!" Nan take Zaki ya yi umarni kowa ya hau dutse.

Da rana ta take a kan dutsen, ƙishi ya kama Zaki, ya ce a kira masa jakai. Babu ko ɗaya. Kura ta leƙa ƙasa, ta ga sawunsu ya miƙe hanyar kogi, ta girgiza kai cikin tausayi.

"Allah ya ji ƙansu, ranka ya daɗe. Ruwa ya tafi da su."