Yadda Ake Tayar da Wasan Kuku a Sabuwar Kwamfuta Ba Tare da Asirinka Ya Tonu Ba

Kai da ka shekara ashirin da ɗoriya kana cika baki da wani tsohon wasan kwamfuta, gyara zama. Matakai bakwai ne kacal. Duk wanda ya bi su daki-daki, tabbas wasan zai tashi a kan sabuwar kwamfuta, ko mai shi yana so ko ba ya so. An gwada su a kan Malam Muntaka mai albasa na Kasuwar Artisan a Enugu, kuma shi ba ya so.

Mataki na 1: Ka tabbata ƙaryarka ta kai ta kawo

Idan ba ka taɓa shara ƙarya a kan wasan ba, ajiye takardar nan ka je wajen mai gyara, ba da kai ake ba.

Muntaka ya sauka Enugu yana saurayi, da akwatin wankin takalma da alkawarin zai koma gida bayan Sallah. Sallah huɗu ta wuce bai koma ba. Wata rana ruwan sama ya koro shi bakin wani shagon buga takardu a unguwar Ogui. Mai shagon, Nehemiah, mutumin Zonkwa, ya dube shi ya ce da Hausa, "Shigo daga ciki mana, ruwan garin nan ba ya ɗaukewa da wuri." Don kada baƙo ya zauna zuru, sai ya kunna masa wani wasa. Wani kuku ne mai tumbi a cikin jirgin ruwa, jirgi na tangaɗi, faranti na zubowa daga kanta, kai kuma kana tura shi hagu da dama yana cafewa. In uku suka fashe, an kore shi daga aiki. 'Yan unguwa suka sa masa suna Wasan Kuku.

Maganar Allah, Muntaka bai taɓa wuce zango na huɗu na wasan ba. Amma wata la'asar a majalisar bakin masallaci ya ce ya ƙure wasan. Da aka tambaye shi abin da ke ƙarshe, sai bakinsa ya riga shi. Wai jirgi yana isa gaɓa, ga wata tsohuwa tsaye da kwanon ruwa a hannu, kuku ya ajiye farantansa ya durƙusa ya gaishe ta. Tun daga ranar ake ce masa Sarkin Faranti. Ba a jima ba kwamfutar Nehemiah ta mutu ta tafi da shaida. Muntaka ya koma sayar da albasa, ya yi aure, ya haifi Rukayya, ya rene ta da labarin tsohuwar nan har ta haddace shi.

Bincike ya nuna cewa ƙaryar da ba ta da mai duba ta tana ƙara ƙiba duk shekara. Ta Muntaka ta kai har zango talatin.

Mataki na 2: Ka tura 'yarka ta karanci kwamfuta

Wannan kuskure ne da ba ya gyaruwa, don haka ka yi shi da wuri.

Rukayya ta gama difloma, tana aiki a wani shagon gyaran waya da kwamfuta a Ogui. Da Nehemiah ya yanke shawarar rufe shago ya koma Zonkwa ya huta, ita ta je taya shi kwashe kaya. A ƙarƙashin wani mataccen injin hoto ta tsinto faifan wasan, ya sha ƙura amma ko ƙwarzane babu.

Ta shigo gida tana ɗaga shi sama. "Baba, ka ga abin da na samo. Ranar Asabar za a yi wa Kawu Nehemiah walimar ban kwana a shagon. Zan tayar da shi a laftof ɗina ka buga mana har ƙarshe. Tun ina ƙarama nake son in ga fuskar tsohuwar nan."

Idan ka kawo nan, ka yi yadda Muntaka ya yi. Ka ce, "Masha Allah." Ka yi murmushi. Ka ɗauki buta ka zaga baya, ka daɗe. A can ne ya fahimci cewa dariyar majalisa zai iya haɗiye ta, ko ta Sharfuddeen mai nama, wanda ya shekara ashirin da ɗoriya yana cewa, "Ni dai ban gani da idona ba." Abin da ba zai iya ɗauka ba shi ne yarinyar nan ta juyo ta kalle shi.

Mataki na 3: Ka dogara da girman kan sabuwar na'ura

Sabuwar kwamfuta ba ta san tsofaffi ba, kuma a nan duk fatanka yake. Da farko ma ba ta da ramin sa faifai. Muntaka ya juya laftof ɗin ta ko'ina, ya leƙa ƙarƙashinta, ya girgiza kai cikin alhinin da ya kusa zama rawa.

"Allah bai nufa ba, Rukayya. Ki haƙura."

Kafin magariba ta aro wani ɗan akwati mai igiya, ta sa faifan a ciki. Kwamfuta ta yi nazari, ta fito da rubutu cewa wannan abu ya tsufa, ba za ta iya da shi ba. Muntaka bai taɓa ƙaunar wata na'ura kamar yadda ya ƙaunaci wannan a lokacin ba.

"Kin gani ko? Kayan zamani ba su da kunya, ba sa ganin girman na gaba da su."

Don ƙarin tsaro, washegari ka saci faifan ka cusa shi cikin buhun albasa. Ka dawo ka taya ta nema, ka ɗaga katifa, ka zargi ɓeraye. Za ta ce maka, "Kada ka damu, Baba, ai na kwafe shi a wuri uku, har na tura wa ƙawata a Onitsha." Kada ka zauna a ƙasa. Ka ce Allah ya yi mata albarka.

Mataki na 4: A koya wa kwamfuta ta ɓoye shekarunta

A cikin kowace sabuwar kwamfuta akwai wani lungu inda ake ce mata ta yi kamar ita tsohuwa ce, don tsohon wasa ya saki jiki da ita. Rukayya ta shiga lungun ta danna. Allo ya yi baƙi, sai kiɗan wasan kawai yake fita, irin na da, tin-tin-tin. Tsikar jikin Muntaka ta tashi, don rabonsa da jin kiɗan nan tun yana da gashi a tsakiyar kai.

Ya yi maza ya kawo hujjar tarbiyya. "Ni fa ba na son a koya wa na'ura ƙarya a gidana."

Ka lura da yadda ya faɗe ta ko ƙifta ido bai yi ba. Haka ake so.

Rukayya ta ce ba komai, akwai wata hanya. Ta sauko da wata manhaja da ke gina ƙaramar tsohuwar kwamfuta a cikin sabuwar, kamar a kafa bukka a tsakiyar falo. Ta sa wasan a cikin bukkar. Ranar Alhamis da hantsi kuku ya bayyana, da tumbinsa da farar hularsa, bai ƙara ko shekara ɗaya ba.

Mataki na 5: Ka yi murna da gudun, amma kada ka yi ta a kasuwa

Ga abin da masu gyara ba sa faɗa maka. Tsohon wasa yana tafiya ne da ƙarfin kwamfutar da yake kai, sabuwar kuwa ta ninka ta da sau dubbai. Muntaka ya ɗora yatsa ke nan, kuku ya fyalla hagu ya fyalla dama, faranti uku suka tarwatse, aka kore shi aiki kafin Muntaka ya gama bisimilla.

Farin ciki ya kama shi har ya kasa riƙewa. Ya tafi rumfar Sharfuddeen da kansa ya ba da labari. "Wasan ya haukace. Ko ni da na ƙure shi ba zan iya da wannan ba, balle wani."

Sharfuddeen ya ci gaba da wasa wuƙarsa. "To, Sarkin Faranti. Asabar dai ba ta da nisa."

Da ya koma gida ya tarar da Rukayya tana jiransa. Ta ce akwai maɓallin rage gudu.

Mataki na 6: Ranar taro, ka gwada komai

Ka naɗe yatsanka da bandeji ka ce ƙofar rumfa ce ta datse ka. Za a ce maka maɓalli biyu ne kawai, ɗaya hannun ya isa. Ka yi addu'a a ɗauke wuta. Za a ɗauke, laftof kuwa tana da batir.

Shagon Nehemiah ya cika maƙil da la'asar, ana ruwa a waje kamar ranar farko. Ga 'yan majalisa, ga 'yan cocinsu Nehemiah, ga matarsa Lai'atu tana raba shinkafa, ga Sharfuddeen ya ja kujera har gwiwarsa na taɓa tebur. Wata maƙwabciya mai sayar da lemo ta leƙo ta taga ta ce da turancin kasuwa, "Oga Plate, show us dat mama today," wato Sarkin Faranti ya nuna musu tsohuwar nan yau.

Rukayya ta sunkuya kusa da kunnensa. "Saboda yatsanka na rage gudun sosai, Baba. Ka bi a hankali."

Ta rage shi fa. Faranti suka riƙa saukowa kamar gashin kaza. Ko tsohon da ke gyangyaɗi zai farka ya cafe. Muntaka ya kauce wa ɗaya da gangan, ya faɗi ya fashe.

"Malam," in ji Sharfuddeen, "gudunsa kake yi ne, ko idona ne?"

Ba yadda zai yi, ya shiga cafewa. Ya wuce zango na huɗu, karo na farko a rayuwarsa, kuma abin kunyar shi ne ya ji daɗi har cikin ransa. Na biyar, na shida, na tara. Mutane suna tafi, gumi yana bin bayansa. A zango na goma sha biyu ya cafe farantin ƙarshe, allo ya yi duhu, kowa ya miƙa wuya. A ɗan wannan duhun Muntaka ya kama kansa yana fatan a ce da gaske tana nan.

Allo ya dawo. Zango na ɗaya ne, kicin ɗin da aka fara da shi, kuku na tsaye yana jiran faranti. Babu gaɓa, babu tsohuwa, babu kwanon ruwa.

Ruwa na ta dukan kwanon rufi. Sharfuddeen ya gyara murya. Muntaka ya kafe allon da ido, don ya san in ya juya dama Rukayya zai gani.

Mataki na 7: Ka kasance kana da aboki tun fiye da shekara ashirin da suka wuce

Wannan matakin ba a shirya shi a mako guda, shi ya sa aka bar shi ƙarshe.

Nehemiah ya ajiye cokalinsa ya ja tsaki. "Ka ji matsalar sabbin kwamfutocin nan. Sun yanke ƙarshen. Ni ina tsaye a bayansa ranar da ya kai wajen tsohuwar, da idona na gan ta."

Sharfuddeen ya juya ga Rukayya. "Ke ce kika karanta. Ana haka?"

Yarinyar nan mako guda ta yi tana gyara wa kowa magana a kan kwamfuta, ba ta bar kuskure ko ɗaya ya wuce ba. Ta dubi allo, ta dubi bandejin babanta, ta rufe laftof ɗin a hankali.

"Ana haka, Kawu," in ji ta. "Sosai ma."

Da taro ya watse, Muntaka ya tsaya taya Nehemiah ɗaure kwalaye. Suka ɗaure uku.

"Sau uku na ƙure wasan nan kafin ka fara shigowa shagon," in ji Nehemiah. "Goma sha biyu ne, ya zagayo. Babu gaɓa a cikinsa."

"To me ya hana ka faɗa, duk shekarun nan?"

"Makon da direban motar albasa ya kawo maka saƙon Innarka ta rasu, har an yi kwana ashirin da binne ta, a makon ka fara ba da labarin. A kan kujerar nan ka zauna ka ji saƙon. Ni zan je majalisa in ce babu tsohuwa?"

Muntaka ya ja igiyar kwalin ya ƙulle, ya sake ƙullewa.

A hanyar gida ruwa ya tsagaita, suka ƙi hawa babur ɗin okada suka taka da ƙafa. Rukayya na rungume da laftof. Sai da suka kusa kwanar gida ta ce, "Baba, tsohuwar nan, wane irin zane ta ɗaura? Ba ka taɓa faɗa min ba."

Ya ce, "Baƙin saƙi ne mai ratsin fari. Gefensa ɗaya wuta ta ɗan lasa, wajen murhu."

"Sai kuma me?"

Ya ci gaba da faɗa mata, kuma tun daga nan har ƙofar gida bai ƙara ko kalma ɗaya ta ƙarya ba.

Gargaɗi

Mai wannan rubutu ba shi da hannu a duk abin da ya biyo baya. Ba ruwansa da faifan da ke warin albasa, ko yatsan da ya yi fari saboda bandejin banza, ko Sharfuddeen da har yau yake cewa shi dai bai gani da idonsa ba. An yi maka alkawarin wasa zai tashi, ya kuma tashi. Idan bayan haka ka wayi gari a tasha kai da 'yarka, kuna neman motar Arewa don ka nuna mata wani kabari da kai ma ba ka taɓa gani ba, wannan ba ya cikin matakan, kada ka zo ka ce mu ne.