Masarar Surukina a Aljihun Farar Riga

Ba zan taɓa mantawa da ƙarfe sha ɗaya da minti ashirin na wata ranar Lahadi ba, cikin watan takwas, damina ta biyu bayan mun samu ƴancin kai. Na san lokacin daidai domin ina ɗaure da agogo, kuma ni mutum ne mai duba agogo. Wurin kuwa gonar Malam Hamidu ce a Tanda, gindin wata ɗorawa. Waɗanda ke wurin, bi da bi: Malam Hamidu, wanda nake neman auren ƴarsa, matarsa Inna Hajo, ita ƴar tasu Ramatu, abokina Idi shofer mai tuƙa mota, samari tara da muka zo da su gayya daga Gaya, sai ni, da masara guda ɗaya.

Amma bari in fara daga farko, don ba na son labari mai tsallake.

A lokacin ni ne mai kai takardu a wani biro, wato ofis, a Gaya. Karatuna na lakwal bai wuce aji huɗu ba, amma ya ishe ni in rubuta abu a kaye, ɗan littafin rubutuna, in sa masa lamba. Duk abin da zan yi sai na jera shi, na ɗaya, na biyu, na uku, wanda na gama in ja masa layi. (Uwata takan ce ko ranar da aka haife ni sai da na jira aka idar da sallar asuba sannan na fito.)

Mu biyu ne muke neman Ramatu: ni, da ɗan wani attajiri mai sabon keke da ƙararrawa biyu. Ramatu ni take so, ta faɗa wa ƙanwata a kasuwa. Amma magana tana hannun tsoho, shi kuma ya aika wa kawuna cewa, "Ni ba keke nika dubawa ba, kunya nika dubawa. Ya zo mini maimai a gona ranar Lahadi in gan shi. In ya yi mini, a sa rana." To, kun ji abin da ke gabana.

Tunda ba ni da keke, sai na ce bari in kai abin da ba a taɓa gani ba a Tanda. Maƙwabcinmu Kosi, mutumin Dahome, ya yi shekaru yana kuku a gidan wani Bature kafin Baturen ya koma ƙasarsu. Ya taɓa ba ni gasasshiyar masara da ya shafa wa wani man shanu mai kore-kore, mai ƙamshin lemun tsami, na kwana uku ina tuna ta. Na ɗauki kayena na tafi wurinsa na ce ya faɗa mini yadda ake yi, a jere.

Na ɗaya, a samo ɗanyen man shanu wurin matan Fulani, ba soyayye ba, a wanke shi da ruwan randa sau uku har tsamin nono ya fita. Na biyu, gishiri kaɗan. Na uku, ganyen ɗoɗɗoya da lawashin albasa, a yanka su ƙanana-ƙanana. Na huɗu, a kankare koren bawon lemun tsami, kada wuƙa ta kai ga farin, don ɗaci gare shi. Na biyar, a matsa ruwan rabin lemun a cuɗa da cokali. Na shida, a sa wuri mai sanyi ya kama jikinsa. Kosi ya ce Bature a firigo, akwatin sanyi, yake sawa. Ni da ba ni da firigo sai na ari dabarar matan Fulani, na dunƙule shi na jefa cikin ƙwarya mai ruwan sanyi.

"Na bakwai," Kosi ya ɗaga yatsa, "ka ɗanɗana a kan masara mai zafi kafin ka ba kowa. Kukun da ba ya ɗanɗanawa, shi ke kashe maigidansa."

Na rubuta, na sa lamba.

Da asubar Lahadi na yi ɗaya zuwa shida, na ja layi shida. Na bakwai ya gagara, domin babu ɗanyar masara a gidanmu, kasuwa kuma ba ta ci ba tukuna. Haka na hau kamiyon Idi, babbar motar kaya, ƙwarya a cinya, kaye a aljihu da lamba guda babu layi. Tun daga Gaya har Tanda lambar nan tana mini ƙaiƙayi a rai.

Ƙarfe bakwai muka kama maimai, sha ɗaya saura kwata muka gama. Na jera samarin kamar sojoji, ba wanda na bari ya tsallake ko ciyawa ɗaya. Malam Hamidu ya aiko cewa a karyo masara a fadamarsa a gasa wa ma'aikata kafin su iso da fura. Na wanke jikina, na sa farar rigata ta shadda mai babban aljihu a ƙirji, wadda rabona da ita tun ƙaramar salla, na mai da kayena cikin aljihun.

Yanzu, ba sai na koya wa Bahaushe ba: mai neman aure ba ya cin abinci a gaban surukansa. Ko ruwa ne sai ya ɓuya. A Tanda kuwa, wanda aka ga bakinsa yana motsi a gaban uwar yarinya, har jikokinsa sai an yi wa gori. Na san wannan sarai. Na kuma san ba zan miƙa wa tsoho abin da ban ɗanɗana ba.

Idi yana juya masara a kan garwashi. Na matsa kusa da shi na ce, "Ba ni guda, mai zafi."

"Kai, tsofaffi na hanya fa."

"Cizo ɗaya ne. Lamba bakwai."

"Kai da lambobinka, wata rana sai sun kai ka gidan kaso."

"Ka dai duba mini hanyar gari. In ka hango su ka yi tari."

Na zagaya bayan ɗorawa da masarar da ƙwaryata. Na yanko man na shafa. Ya narke nan take, ya bi tsakanin ƙwayoyin yana ƙyalli, ƙamshin lemun da ɗoɗɗoya ya tashi ya doke ni a hanci. Tunda na tsufa bari in faɗi gaskiya: cizo ɗaya na yi niyya, amma na huɗu ne ke bakina lokacin da na ji sallama a bayana.

Idi bai yi tari ba, kuma ba laifinsa ba ne. Hanyar gari na ce ya duba, su kuwa ta fadama suka biyo, don tsoho yana son ganin inda aka karya masa masara.

Abin da na yi, a jere: na ɗaya, na cusa masarar cikin aljihun ƙirji. Na biyu, na tuɓe takalma. Na uku, na durƙusa na sunkuyar da kai. Abin da ban yi ba shi ne haɗiye abin da ke bakina. In na tauna, haɓata za ta motsa. In na haɗiye a haka, sai dai a ɗauke ni a amalanke zuwa likita.

"Ina kwana, yaro?" in ji Malam Hamidu.

Na ce, "Mm."

"Ina gajiya?"

"Mm."

"Ina aiki? Ina ruwa? Ina mutanen Gaya?"

Masarar da ta sauka daga garwashi minti biyu da suka wuce tana kwance a ƙirjina, yadi ɗaya ne tsakaninmu. Na ji fata tana cewa a taimaka. Ban motsa ba. Tsoho ya tambayi kawuna, ya tambayi uwata, ya tambayi gadar kogi ko tana nan lafiya, har ya tambayi Dahome da ba ni da kowa a can. Ni dai "mm" nake yi, zufa tana ɗiga daga hancina.

"Yaro, ba ka da lahiya ne? Ko a biro ba a koya muku amsa gaisuwa?"

Nan fa ba makawa. Na buɗe baki na ce, "Lahiya lau, Baba."

Ƙwaya uku suka fita. Na ƙirga su. Ɗaya ta faɗi ƙasa, ɗaya a gwiwata, ta uku ta je ta zauna a kan babban yatsan ƙafar Malam Hamidu.

Inna Hajo, da ƙwaryar fura a kanta, ba za ta yi mini magana ba tunda ni suruki ne, sai ta juya ga mijinta.

"Malam, yaron ga yana yoyon mai kamar kamiyon hanyar Faraku."

Na duba ƙirjina. Man ya huda shaddar ya yi faɗin faifai, da ɗigo-ɗigon kore a ciki, yana gangarowa zuwa cibiya. Samarina tara suka fashe da dariya. Idi ya faɗi a kan buhu yana tari, tarin da ya zo bayan an gama biki. Ramatu, a bayan uwarta, ta rufe fuska da gyale, kafaɗunta suna rawa har furar kanta ta zuba. Ni kuwa a raina na ce shi ke nan, mai keke ya ƙwace ta.

"Fiddo ta," in ji tsoho.

Na fiddo, da hannu biyu, da gurbin cizona huɗu a jikinta. Ya karɓa ya juya ta ya shinshina.

"Masarata ce wagga. Amma ƙamshin ga ba nawa ba ne. Mi ya kai ka?"

Ba ni da wata hujja sai kaye. Na zaro shi, shi ma ya sha mai, na karanta daga ɗaya har bakwai, kaina a ƙasa, kamar mai karanta sammacin kansa. Da na kai na bakwai tsoho ya ce a kawo masa wata mai zafi. Idi ya kawo, ya shafa mata man. Malam Hamidu ya zauna a kan saiwar ɗorawa ya ci. Ya gama ya miƙa hannu a ba shi ta biyu. Inna Hajo ta ɗebi dunƙule a ganye ta karɓi masara guda, wai ta kai wa yara. (Ta juya mana baya, amma na ga kunnuwanta suna motsi.)

Da ya share bakinsa sai ya ce in buɗe wuyan riga. Ƙirjina ya yi ja, ya tashi, daidai tsawon masarar.

"Hajo, kin gani? Mai keke ya zo nan ran Laraba, a tsaye ya gaishe ni, yana riƙe da kekensa don kada ƙasa ta taɓa mishi wando. Wanga wuta na cin ƙirjinshi bai tashi ba." Ya dube ni. "Tun daga fadama na hango ka, yaro. Gaisuwata huɗu ce kullum. Sauran na ƙara ne in ga iyakarka."

"Amma ya ci, Malam," in ji Inna Hajo.

"Ya ci, kuma ya ɓoye. Ɓoyewar ita ce kunya. Kwaɗayi kuwa, ke ma share bakinki." Ya miƙe ya kakkaɓe riga. "Ka gaya wa kawunka ya zo Juma'a. Bayan kaka za a yi. Sharaɗi ɗaya: kowace damina ƙwaryar ga ta zo Tanda."

Har lokacin da sauran masara a kumatuna. Sai da suka ba da baya na tauna na haɗiye, na ɗauko alƙalami na ja wa lamba bakwai layi.

An ɗaura aure bayan kaka. Damina goma sha tara na kai wa tsoho ƙwaryar nan har Allah ya karɓi abinsa, kuma ko sau ɗaya ban ƙara tauna komai a gabansa ba. Tabon rigar bai fita ba, an yi sabulu an yi toka. Ramatu ta ajiye ta a ƙasan akwati, duk jikan da ya yi wayo sai ta fiddo ta nuna masa. A Tanda kuwa babu wanda ya san sunana na yanka. Lamba Bakwai suke ce mini.

Abin da na koya guda ne: tsari abu ne mai kyau, amma abin da ba ka gama a gida ba, kada ka ce a gonar suruki za ka ƙarasa shi.

Saboda haka, mai karatu, roƙona biyu ne. Na ɗaya, in za ka yi man nan, kuma ina so ka yi don yana da daɗi, ka sayi masararka tun ana gobe, ka ɗanɗana a ɗakinka da ƙofa a rufe. Na biyu, in ka je kasuwar Tanda ka ji ana kiran wani tsoho mai agogo Lamba Bakwai, don Allah ka bari in wuce sannan ka yi dariya.