Tubalin Gwaji da Bijimin Jaɓɓo

Yau na yini a rana, tun hantsi har azahar, ina kallon ƙaton mutum zaune a kan tubali. Wai aiki yake yi. Kai mai karanta takardar nan a bakin kasuwa, ɗaga murya. Ban yi nisa a allo ba, in ka ga baƙi ya karkace ka miƙe shi da bakinka. Bangon da na gina dai bai taɓa karkacewa ba.

Ni ne Boyi magini. Shekara hamsin da ɗoriya hannuna yana cikin laka. Duk soron da ke tsaye a Illela, ko ni na gina shi, ko wanda na koya wa.

Kun san giɓin ganuwa na yamma, inda ruwan bara ya cinye. Bana aka ce a toshe shi. Madalla. Aka naɗa mana babban mutum, Mai Girma Mai Duba Ƙarfin Ƙasa, Allah ya ƙara wa rawaninsa tsawo. Ya duba gabas, ya duba yamma, cikin ikon Allah bai ga ƙasar gini ko'ina ba sai a ramin surukinsa.

Na je ramin. Na ɗebi ƙasar na sa a baki, kamar yadda magina ke yi. Ƙasar gini tana kama harshe. Wannan kuwa rairayi ne ya cika 'yan haƙoran da suka rage mini, ga ɗanɗanon kanwa a kai. Na jiƙa ta, na murza ta yi tsawon yatsa, na lanƙwasa, ta karye uku. Na ce ba za ta yi ba. Aka ce tsufa ne, in je in huta. Na je na huta. Aka yi gayya aka ɗaga katanga, tsawo gaba biyu, kauri kamu ɗaya da rabi, don Mai Girma ya gano cewa kauri ɓarnar ƙasa ne.

Ga inda abin ya dawo kaina. A garin nan, in an gama katangar jama'a, maginin da ya fi kowa tsufa ne yake danna tafinsa a ɗanyen yaɓe. Tafin nan shi ne shaida. Wanda ya gan shi sai ya jingina ɗakinsa da katangar, ya kwanta hankali kwance. Maƙwabciyata Kubra, wadda mijinta ya rasu bara, ta riga ta tayar da bango uku ta ciki, a jikin sabuwar katangar. Katangar ce bangonta na huɗu. Tafina take jira ta ɗora azara ta shiga kafin ruwa ya sauka.

Yau da safe ta tare ni a ƙofar gida.

"Baba Boyi, danna hannu fa anka ce, ba yanke shi ba."

"In na danna, kina kwana ƙarƙashinta?"

"Yau ɗin nan ma."

"Shi ya sa."

"Mi ya sa? Kai dai ba ka son aikin da ba kai ka yi ba. Hadari ya fara haɗowa, ni ko tabarmata na waje."

Rabin maganarta gaskiya ne.

Bari in gaya muku yadda ake gwada tubali, ko da wani zai buƙata bayan raina. In ya bushe, ka sake shi daga kafaɗa. In bai fashe ba, ka hau kansa ka ji ko zai murƙushe. Wannan gwajin nauyi ne daga sama, kuma shi ne mai sauƙi. Sannan ka haɗa biyu da kwaɓi, su bushe, ka sa dunduniya ka tura na saman ta gefe. In ya zame, ƙasar banza ce, ko da ta ɗauki raƙumi a ka. Bango ba daga sama yake mutuwa ba. Iska ta gefe take zuwa, feshin ruwa haka, mahara ma ban taɓa jin sun faɗo daga sama ba.

Shi Mai Girma ya sauƙaƙa wa ilimi. Muna tsaye a bayan katanga ya iso da mai kalangu da mai laima, da wani yana ɗauke da tubali ɗaya a kan faifai, an lulluɓe shi da farin ƙyalle. Aka ajiye. Ya tattara riga, ya yi bisimilla, ya zauna a kai. Mutum ne da Allah ya yi wa albarkar jiki, alfadarin da ya kawo shi shaida ne. Tubali bai ce uffan ba. Mata suka yi guɗa. Aka yi shela cewa ƙasa ta ci gwaji.

Da ya tashi na matsa kusa. Tubali da hannu ake mulmula shi, kowanne yana ɗauke da yatsun mai shi. Na ga yatsa huɗu da rabi. A ƙasar nan magini ɗaya ne azara ta cinye wa rabin ƙaramin yatsa. Nawa ne. Na yi shi shekara bakwai da suka wuce, da lakar fadama da ciyawar ramno da kashin doki, kwaɓin ya kwana bakwai yana ruɓa. An ce in kawo a ga yadda tubalin kirki yake, ba a dawo mini da shi ba. Ashe tun lokacin yawo yake yi yana ba katangun mutane shaida.

Ba zan ɓoye muku ba, na ji daɗi. Shekara bakwai ana zama masa a ka, ko tsagewa bai yi ba.

Na ce, "Ranka shi daɗe, wanga tubali nawa ne."

"Na jama'a ne, tsoho."

"Ba ramin can ya hito ba. Lakar fadama ce."

"Ƙasa duk ta Allah ce. Kai za ka raba ta?"

"To a ciro guda jikin katangar, a zauna kai."

Ya juya ga mutanensa yana dariya. "Kun ji? A rage wa katanga ƙarfi don a gwada ƙarfinta!"

"A bar ni in tura ta da kafaɗa."

"Ba ya cikin tsari. Tsarin zama ne. Yaɓe na bushewa, danna. In hannunka ya gaji, akwai masu hannu garin ga." Ya rage murya. "Naɗe ɗan yatsa guda ba wuya."

Nan na gane nufinsa. Ko na danna ko ban danna ba, tafi mai yatsa huɗu da rabi zai hau katangar, Kubra kuma za ta kwana a ƙarƙashinta da sunana.

Can gefe Jaɓɓo makiyayi yana tsaye da farin bijiminsa. Tun safe nake lura, bijimin yana jan igiya wajen katangar, ya ji ƙanshin kanwa. Na ce a ja da baya a ba tsoho wuri, na aika a fitar da duk wanda ke ta ciki. Na ce zan jiƙa hannu. Na bi ta gaban Jaɓɓo.

"Jaɓɓo, igiyar ga ba ta ci maka hannu?"

"Tana ci, Baffa."

"To huta."

Bijimi ya tafi kai tsaye. Ya lasa, ya ji daɗi, ya ƙara. Sannan ya juya ya jingina tozonsa yana susa. Sau ɗaya. Sau biyu. A na uku katangar ta zame daga gindinta, ta kwanta ciki, ko ƙara mai kyau ba ta yi ba, kamar an juye taikin gero. Da ƙura ta lafa muka hango bango ukun Kubra ta giɓin, cike da ƙasa har ƙugu.

Kubra ta daɗe tana kallo. Ta nuna kusurwa ɗaya. "Nan za ni sa kai."

"Na sani."

Ta share fuska da gyale, ta harare ni. "To wa zai gina mani na huɗu?"

"Ni. Ki sa a ɗebo laka fadama."

Mai Girma kuwa, Allah ya bar mana shi, ko gezau bai yi ba. Ya yanke cewa gwaji yana nan daram, don kowa ya gani da idonsa. Bijimi ba ya cikin tsari. Laifin na ƙaiƙayi ne. Daga yau an hana kowace saniya jin ƙaiƙayi kusa da ganuwa, sai ta yi nisan gaba arba'in. Jaɓɓo ya tambaya wa zai gaya wa shanun, aka ce ya yi shiru. Aka kakkaɓe tubalina, aka lulluɓe shi, mai laima ya koma kansa. Ni da na yi shi ina rana.

Na ji an ce gobe garin Araba za a kai tubalin, su ma sun gama katanga. Mutanen Araba, ku karɓe shi da mutunci, tubalin kirki ne, na san asalinsa. Amma kafin kowa ya shimfiɗa tabarma, ku nemi mai bijimi ku tambaye shi ko igiya na ci masa hannu.