Layar da Na Ƙullo Daga Japan

Ba zan taɓa mantawa da la'asar ɗin da na durƙusa a zauren surukaina a Makoda ba, ina rantsuwa da Allah cewa ni ba boka ba ne. Shekara huɗu ke nan, amma har yau in na tuna sai in ji kunnuwana sun ɗau zafi. Abin haushin kuma, babu maƙiyin da ya yi min wannan aiki. Iyayina ne kawai ya ja min.

Ni malamin gona ne, a ƙauyukan wajen Zakirai nake yawo a kan babur ina koya wa manoma tazarar shuka da yadda ake zuba taki (su kuma suna saurarona cikin ladabi, in na tafi su yi yadda kakanninsu suka yi). A shekarar ne aka zaɓi mu shida aka tura mu Japan kwas na sati uku a kan noman shinkafa. Ni da ban taɓa wuce Kaduna ba. Lokacin kuwa maganar aurena da Sa'adatu ta yi nisa, an sa rana bayan kaka, lefe kaɗai ya rage a kai.

Ana saura kwana biyu mu dawo, tafintanmu ya ce mun gaji da kallon injina, bari ya kai mu mu ga sana'ar hannu. Ya kai mu wani ɗan shago na wata tsohuwa, 'yar mitsitsiya, gashinta fari fat. Takarda take sarrafawa, irin wadda suke yi da ɓawon itace, mai kauri da laushi. Tana naɗe ta ta zama ambulan, sannan ta ɗaure da wani siririn zare mai tauri, ja da fari, ta yi masa ƙulli mai kyan gaske. Kowane ƙulli da lokacinsa, in ji ta. Akwai na haihuwa, wanda ake iya kwancewa a sake ɗaurawa. Sai ta ɗaga wani ta ja bakinsa biyu, maimakon ya kwance sai ya ƙara tamkewa.

Tafinta ya ce, "Wannan na aure ne. Ba ya kwancewa, domin aure abu ne da ba a so a maimaita."

(Malam Isiyaku, abokin tafiyata mai mata uku, ya yi ɗan tari ya kama kallon rufin shagon.)

Ni kuwa maganar ta shige ni. Na ce lallai sai na koya. Sauran suka gwada sau biyu suka haƙura, suka tafi sayen tsaraba, ni na zauna. Yatsun da suka saba da fartanya da birkin babur ba sa jin maganar siririn zare. In na kama nan, can ya suɓuce. Tsohuwar nan ba ta gaji ba, ta warware ta sake nuna min, ta rusuna, ni ma in rusuna, har wuyana ya yi tsami. A karo na goma sha wani abu na samu wani dunƙule da za a iya kira ƙulli in ana jin kunyata. Don ta faranta min, ta ɗauki alƙalaminta na gashi ta tambayi sunana da na amarya, ta rubuta su da baƙar tawada da rubutun ƙasarsu a jikin takardar. Na karɓa da hannu biyu kamar an ba ni takardar digiri.

A masauki na zauna na cika cikin takardar da wasiƙa. Daga nan aka fara lalacewa. Naɗin da tsohuwa ta koya min ya ɓace min, na naɗe na warware, na naɗe na warware, har ambulan mai faɗin tafin hannu ta koma kamar kwalin ashana, ta yi dauɗa da gumin hannuna. Na ga kamar za ta buɗe, sai na ƙara nannaɗe ta da zaren sau bakwai kafin in yi ƙullin. Na riƙe ta a nesa na kalla, na ce a raina duk Kano babu angon da ya taɓa yin irin wannan.

Wannan kam gaskiya na faɗa.

Na dawo gida kaina ya kumbura. Kowace magana sai na ce "ai a Japan ba haka ake yi ba." Har mai shayi sai da na yi wa bayanin yadda ake miƙa kofi. Ranar da ake shirya lefe, Gwaggo Indo, ƙanwar mahaifina wadda ta riƙe ni tun rasuwar mahaifiyata, ita ce ta jera kaya a akwatuna. Na jira ta tashi yin salla, na lallaɓa na cusa abina a cikin ninkin wani leshi mai ruwan hoda. A lissafina, Sa'adatu za ta ɗauko leshin wata rana ita kaɗai a ɗaki, abin ya faɗo, ta karanta, ta yi murmushi. Ni da aka haifa a ƙasar nan, na san sarai cewa babu ƙyallen da ke cikin lefe da mata ba sa warwarewa su ɗaga a gaban 'yan unguwa. Soyayya ce ta cinye min wannan ilimin.

Washegari ina tsakiyar gonar gwaji ina yi wa manoma bayanin tsutsar masara, sai ga wayar Gwaggo.

"Kai, me ka cusa a cikin leshin nan?"

"Ɗan saƙo ne, Gwaggo."

"To saƙo ya isa. Ga mu a tsakar gidan mutane, an rufe akwatuna an turo mana su gabanmu. Ka zo ka wanke kanka. Ni dai ban goyi boka ba."

Ashe Goggo Tamadi, kakar Sa'adatu, ita ta girgiza leshin, abin ya faɗo a kan ƙafarta. 'Yar takarda a dunƙule, an nannaɗe ta da jan zare, an ƙulle, ga wani baƙin rubutu a jiki wanda ba wanda ya taɓa ganin irinsa. Guɗa ta tsaya, salati ya karɓa.

Na isa Makoda bayan la'asar. A zaure na tarar da Alhaji Sale, mahaifin Sa'adatu, dillalin dabbobi ne, mutumin da ba ya ɓarnar magana. Ga limamin unguwa a gefensa, ga Kawu Ɗanlami, ƙanen mahaifiyar Sa'adatu, tsohon hedimasta. Goggo Tamadi ta kafa kujera a bakin ƙofar shiga gida, bayanta ina jin motsin mata. A tsakiyar tabarma an ajiye faifai, a kan faifan ga aikin hannuna, ga wani ɗan kara a gefe wanda da shi ake juya shi.

Na kalle shi da idon mutanen zauren. Wallahi ko ni na tsince shi a ƙofar ɗakina, tsallake shi zan yi in tafi neman malami.

Liman ya fara, cikin natsuwa. "Malam, wannan rubutun ba ajami ba ne, ba kuma boko ba. Me aka rubuta?"

"Sunana ne da sunan Sa'adatu, Allah gafarta Malam."

"Kun dai ji," in ji Goggo daga bakin ƙofa.

"To ƙullin fa?"

A nan ne ya kamata in ce ado ne kawai, in ja bakina in yi shiru. Amma malamin gona in aka yi masa tambaya sai ya yi darasi. Na gyara zama.

"Ai ƙulli ne na musamman, wata tsohuwa ce ta koya min a can. In aka ƙulla shi ba ya kwancewa, ko an ja sai dai ya ƙara tamkewa. Manufarsa ita ce ni da ita babu rabuwa har abada."

Sai da na ji maganar ta fita daga bakina sannan na ji yadda take.

"Tsohuwa," in ji Liman a hankali.

"Eh, amma mai shago ce."

"Ta yi tofi a kai?"

"A'a, ta dai rusuna masa."

Kawu Ɗanlami ya rufe fuska da tafin hannu. Liman ya ce ko ɗan da ya fara allo jiya ya san abin da aka ce game da masu ƙulle-ƙulle. Goggo Tamadi ta ce a kawo garwashi a ƙona, kuma a mayar da kaya inda suka fito.

Sai a lokacin Alhaji Sale ya yi magana. "Ni 'yata ba akuya ba ce da za a ɗaure min ita a turke. Da hankalinta na ba ka ita, da hankalinta nake so ta zauna. A buɗe. In surkulle ne a ciki, ku kwashe akwatunanku yau, magana ta ƙare."

Ni kaɗai na san abin da ke ciki. In na hana a buɗe, na rasa Sa'adatu. In aka buɗe, na rasa mutuncina, wataƙila in rasa ta duk da haka. Tsoro ya kama ni sosai, don ina son yarinyar nan fiye da yadda na iya faɗa. Na ce, "A buɗe, Baba."

Kawu ya yi bisimilla ya ja zaren. Ya tamke. Ya ja ɗaya bakin, ya ƙara tamkewa. (Duk ƙulle-ƙullen da na yi a rayuwata, wannan ne kaɗai ya yi aiki yadda aka ce.) Goggo ta ce, "Ga shi nan dai." Sai da Alhaji ya zaro wuƙarsa ya yanke.

Kawu ya warware takardar, ya sa tabarau, ya ce, "Boko ne. Hausa ce." Sannan ya miƙe tsaye, Allah ne kaɗai ya san dalili, ya fara karantawa da muryar da yake kiran sunayen 'yan makaranta.

"Zuwa ga sanyin idona. Na ga shinkafa iri-iri a ƙasar nan, amma ban ga yabanyar da ta kai ki kyau ba."

Wata ta ƙyalƙyale a cikin gida, aka ce mata shit.

"Ke ce ruwan farko bayan dogon rani. A jirgi na yi kuka saboda ke, na ce wa na kusa da ni mura ce."

Na sunkuyar da kai ina ƙirga zaren tabarma. Ina addu'a tabarau ɗin Kawu ya faɗi ya fashe kafin ya kai ƙasan takardar. Bai faɗi ba.

"Abu ɗaya ke damuna, shi ne Baba. Duk sanda na gaishe shi sai ya dinga kallona kamar ragon da yake shakkar lafiyarsa, saura kaɗan ya ce in buɗe baki ya duba haƙorana. Amma saboda ke, ko igiya ya sa min ya ja ni kasuwa zan bi shi."

Kawu ya tsaya. Liman ya kama jan carbi da sauri, kafaɗunsa suna rawa.

"Maimaita wajen nan," in ji Alhaji.

Kawu ya maimaita, har da tsayawa a kan waƙafi.

Alhaji ya daɗe yana kallona, irin kallon nan dai da na rubuta. Sannan ya ce, "Matso."

Na matsa da gwiwa.

"Buɗe bakin."

Jama'a, na buɗe. Ni da digirina, ni da na je Japan. Ya leƙa sosai, sama da ƙasa, bai yi ko murmushi ba. Ya juya wajen Liman.

"Lafiyayye ne. Wayo ne dai babu. A shigar da akwatuna ɗaki."

Dariyar da ta fashe a cikin gidan nan, na tabbata an ji ta a bakin kasuwa. Gwaggo Indo ba ta yi min magana ba har muka iso gida. Sa'adatu kuwa kwana uku ba ta ɗaga wayata ba, saboda ƙawayenta sun koma kiranta Yabanya, kuma sunan ya bi ta har ɗakin aure.

An ɗaura aure bayan kaka kamar yadda aka sa. Kowa ya yarda cewa wauta ce ba asiri ba, ban da Goggo Tamadi. Ita hujjarta kullum ƙaruwa take. Duk wanda ya ce mata ai takarda ce kawai, sai ta ce, "Shekara huɗu yarinyar nan ko yaji ba ta taɓa yi ba. Da wannan sakaran? Ku dai bar ni da abin da na gani." Iya zaman lafiyarmu, iya tabbacinta. Har mata biyu ta turo min a ɓoye, wai in taimaka in ƙulla musu mazajensu.

Abin da na koya shi ne, duk abin da ka ɗauko a garin wasu, ka nuna wa gwaggonka kafin ya shiga akwatin surukai. Kuma kada ka rubuta wa mace abin da ba za ka iya jin hedimasta ya karanta a gaban ubanta ba, sau biyu.