Ni da Ƙadangare Marar Ƙafa

Ko zan manta da komai na karatuna, ba zan taɓa mantawa ba da ranar da aka zo duba ni a aikin koyarwa na gwaji, a wata sakandaren 'yan mata a Kaura Namoda. Har yau in na tuna sai na ji kamar in nutse.

Mai duba mu wata malamar kwalejinmu ce, 'yar Filato, kowa Madam yake ce mata. Zuwanta na farko ta zauna a bayan aji, na yi ta zuba kamar rediyo, da aka tashi ta ce, "Malama, kina koyar da halittu amma ban ga halitta ba sai ke da alli. In na dawo ban ga abin nunawa ba, za ki maimaita shekara." Maimaita shekara! Ni da na riga na gaya wa duk dangi na kusa gamawa.

Ranar Asabar na hau mashin sai Kurya Madaro, wajen kawuna manomi. An yi ruwa ƙasa ta jiƙa, yana huɗa kusa da suri sai garma ta tono wani abu ja-ja-ja, tsawonsa bai fi biro ba, jikinsa zobe-zobe kamar tana. Ya ɗaga garma zai sare shi na ce, "Kawu, don Allah tsaya!"

"Mi za ki yi da wanga abu, ɗiyata? Kai biyu gare shi, mu kashewa mukai."

Na yi masa bayani irin na masu ilimi (kwana biyu ke nan da na gan shi a littafi, amma sai ka ce ni na gano shi). Na ce ba maciji ba ne, ba kuma tana ba ce, dangin ƙadangare ne da ba shi da ƙafa. Ba shi da dafi. A ƙarƙashin ƙasa yake zaune yana cin gara da tururuwa, da ƙoƙon kansa mai tauri yake haƙa rami, idanunsa 'yan mitsi-mitsi suna ƙarƙashin fata. Yana tafiya gaba yana tafiya baya, shi ya sa ake cewa kansa biyu. Kawu ya zuba min shi a bokiti da ƙasa mai laima, ya ce, "To, Allah shi raba ku lahiya."

Gaskiyar da ban gaya wa kowa ba ita ce, tsoronsa nake ji. Kwana huɗu bokitin yana bayan ƙofata, ina yayyafa ruwa daga nesa, ina haddace littafi. Ko sau ɗaya ban tone ƙasar na dube shi ba.

Ranar Laraba Madam ta iso ta zauna da jan bironta. Na juye ƙasar a faranti, na sa cokali na tono bawan Allah, 'yan mata suka yi ihu suka dare. Na ce, "Haba, ku natsu, ba ya komai." Na yi bisimilla a zuci na kama shi ta gefen da na yanke hukuncin nan ne wuya, na ɗaga sama.

"Wannan shi ne kai. Ku matso ku ga ido, ga shi nan ɗan baƙi." (Ƙwayar yashi ce, jama'a. Minti biyu cur na yi ina bayani a kan ƙwayar yashi.)

Sai ya yi wata irin fizga, na ji ɗas. Dogon jikin ya faɗa faranti, ɗan guntu ya rage a yatsuna yana ta mutsu-mutsu. Da Turanci nake darasin, amma nan take Turancin ya gudu. Na ƙwala, "Innalillahi! Na cire masa kai! Wayyo na kashe shi!" Na fashe da kuka, kuka na gaske har da majina, a gaban 'yan mata cike da aji. Wallahi a lokacin ba ma shekarar nake tunani ba, tausayinsa ne ya kama ni, yana zaman zamansa na ɗauko shi.

Madam ta taso a hankali, ta gyara tabarau, ta leƙa faranti. Ta ce, "Malama, zo ki gani. Marar kai yana haƙa rami?"

Na leƙa. Ga shi nan ya kafa ainihin kansa cikin ƙasa yana shigewa abinsa. Wutsiya ce a hannuna. Ajin ya ɓarke da dariya, wata har da faɗowa daga benci.

Ita kuwa Madam ko murmushi ba ta yi ba. Ta miƙo min hankici ta ce, "Share fuskarki. Saura minti goma sha biyar. Gaya musu me ya sa ya yar da ita." Na share, na ce dabara ce ta tsira: in abokin gaba ya kama wutsiyar sai ya bar masa ita tana motsi, shi ya tsere. Wata ta ɗaga hannu ta ce, "Malama, ke ce abokiyar gabar ke nan?" Na ce ni ce. Wannan karon har Madam sai da ta juya baya kafaɗunta na girgiza.

Na ci, da ƙyar, maki daidai na tsallakewa. Na mayar da shi gindin surin Kawu da hannuna. Abin da ya fi damuna shi ne, irinsu ba kamar ƙadangaren bango ba ne, wutsiyarsu in ta tafi ba ta sake fitowa. Ni na samu takardar shaida, shi ya koma gida dungu har abada saboda na haddace shi ban dube shi ba. Yanzu duk abin da zan tsaya in yi wa mutane bayani a kansa, sai na fara zama na ga ta inda yake cin abinci.