Yadda Mai Girma Ya Gina Mana Gada Bai Sani Ba

Jama'a, kwanakin baya da safe lambatun bakin layinmu ya karɓi baƙuncina, da ni da farar rigata. Ina ƙoƙarin ƙetarar da Inna a kekenta na guragu zuwa asibiti, taya ɗaya ta zame, na tare keken da ƙirji, ƙafata ta tafi ziyara cikin baƙin ruwa. Inna ba ta faɗi ba, amma ta rantse ba za ta sake hawa wannan siraɗi ba, ko da ƙafafun nata za su kumbura su fashe. Likita kuwa duk mako yake son ganinta. Ranar hankalina ya tashi ƙwarai.

Kada ku ce ba mu da gada. Muna da ita, kuma Mai Girma Garkuwan Talakawa ne ya ba mu, sai dai bai sani ba. Lokacin da yake ɗan majalisar jiha ya zo da 'yan jarida, ya kafa wani dogon allon siminti mai ɗauke da sunansa, wai ya aza harsashin gada. Aka tafa, aka watse. Da aka shekara uku ba labari, Birkila maƙwabcina ya tumɓuke allon, ya gicciya shi a kan lambatun. Da Allah ya ɗaga shi ya zama minista, ya dawo ya sake aza harsashin gadar nan dai, muka sami allo na biyu. Biyun sun ishi mai ƙafa, amma keken Inna na neman na uku.

Ina cikin wanke ƙafa Birkila ya leƙo, da awo a hannunsa.

"Malam, taƙi biyu kawai ya rage mana," in ji shi. "A je a gayyato mutumin."

Na ce, "Ai an sauke shi tun bara. Da me zai gina?"

"Wa ya ce maka gini muke nema? Harsashi za mu roƙa."

Muka saka manyan riguna, ni da Birkila da Tela, wani ɗan unguwarmu, muka nufi gidan Mai Girma. Ƙofar da a da sai ka yi wuni a layi, yanzu maigadi har da yi mana sannu da zuwa. Muka tarar da shi a falo shi kaɗai, wayoyi uku a gabansa, ba wadda ta yi ko tari har muka fito. Wallahi sai da ya ba ni tausayi.

Tela ya durƙusa ya ce, "Ranka ya daɗe, unguwa ta yi maraicinka. Gadar nan ba ta amsa hannun kowa sai naka."

Fuskarsa ta washe. "Wace gada ke nan?"

"Wadda ka saba, ranka ya daɗe."

Birkila ya matso ya ce alfarma ɗaya muke nema, a rubuta muƙamansa kaf a jikin allon, kada a tauye wa tarihi haƙƙinsa: tsohon ɗan majalisa, tsohon shugaban kwamiti, tsohon minista, da wanda ake sa rai nan gaba. Ya ƙara da cewa a yi haruffan manya saboda masu raunin ido, a kuma sa rodi a ciki don sunan ya daɗe. Mai Girma ya ce rabon da ya ga masu hangen nesa irinmu har ya manta.

Ranar Asabar ya iso, ya tsaya a kan allunansa biyu na farko, waɗanda muka kifa rubutunsu ƙasa don kada a taka sunan manya. Ya buga ƙafa a kansu, ya ce dubi irin aikin gangancin da waɗanda suka gabace shi suka bar wa talakawa. Muka ce gaskiya ne, ranka ya daɗe. Ya yaye ƙyallen da aka lulluɓe sabon allon da shi, aka tafa, aka watse.

Mun ba allon kwana uku a tsaye, don a san muna da kunya. Rana ta huɗu Birkila ya kwantar da shi kusa da 'yan'uwansa, ya zauna daram kamar don wurin aka yi shi. Jiya na tura Inna muka haye ba ko girgiza. Da muka kai tsakiya ta ce in tsaya, ta ɗaga hannu ta yi wa wanda ya yi gadar addu'a, na ce amin da zuciya ɗaya. An ce mai haƙuri yakan dafa dutse, mu shekara goma sha biyu muka yi muna dafa namu.

Yanzu na ji ana raɗe-raɗin zai sake tsayawa takara. Ni dai ƙuri'ata tawa ce, amma ina roƙon Allah ya ƙara masa muƙami ko biyu ne, don lambatun bakin makarantar 'ya'yanmu ya fi namu faɗi.